Tarihin Wata Kalma: Magatakardan Aradu



Duk wanda ya halarci taron ƙungiya da muka yi bayan daminar bara zai tuna gardamar da ta kaure a kan gyaran masallacinmu na nan G.R.A. Ga 'yan uwan da ba su sami zuwa ba, ga yadda abin yake. Wani dare cikin watan Agusta, bayan an watse daga sallar lisha, aradu ta faɗa kan hasumiya. Ta ƙone lasifika, ta bi waya ta shiga ɗakin ladan ta cinye na'urar ƙara murya, ba ta tsaya nan ba sai da ta taɓa injin rijiyar burtsatse da ke haraba. Allah Ya tsare, ladan ya riga ya tafi gida. Amma sai da gidaje da dama suka yi mako uku suna sayen ruwa wajen 'yan garuwa.

Da aka zo batun kuɗi sai kan jama'a ya rabu. Wasu suka ce a ƙara abin da za a ƙara a kafa sandar jan ƙarfe a ƙololuwar hasumiya, a ja wayarta a binne a ƙasa, domin a cewarsu tsawa ta yi yawa a 'yan shekarun nan, ba kamar da ba. Wasu suka ce sam, tun muna yara haka take, tsoro ne kawai ya ƙaru, gara a sayi tabarmi da kuɗin. Ana cikin haka sai wani yaronmu, ɗan ɗaya daga cikin dattawan ƙungiya, wanda ya karanta aikin lantarki a Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya durƙusa ya ce, "Baba, ku gafarce ni, ina da tambaya. Kwana nawa ake jin tsawa a unguwar nan cikin shekara?"

Wuri ya yi tsit. Can wani ya ce talatin. Wani ya ce haba Alhaji, ai ta fi ɗari. Mutanen da suka shekara talatin, arba'in a gari ɗaya, suna salla sahu ɗaya, ga shi tsakanin lissafinsu akwai kwana saba'in! Yaron ya ce wannan adadi yana da suna a karatunsu, kuma an taɓa yin wata na'ura da aikinta ke nan, sunanta keraunogiraf. Aka fashe da dariya. Wani dattijo ya ce, "Yaro, wannan suna ai shi kansa tsawa ne."

Mu dai masu wannan rubutu ba 'yan boko ba ne. Islamiyya muka yi, kasuwa ta raine mu, kwanon rufi da ƙusa muke sayarwa. Amma wanda abincinsa ke rataye da abin da iskar hadari ke yi wa rufin mutane, ai ba zai ji irin wannan kalma ya wuce ba. Muka sa yaron ya rubuta mana ita a bayan rasit, muka yi ta bibiyarsa da tambaya shi da littattafansa. Abin da muka tsinta ke nan muka ga ya dace mu kawo wa 'yan uwa.

Kalmar ta Yunanawa ce, wato mutanen Girka, kuma gaɓa biyu aka haɗa. Gaɓar ƙarshe ba baƙuwarmu ba ce. Iyayenmu sun san wayar tangaraho, wadda ake bugawa a gidan waya in an yi rasuwa ko haihuwa. To, tangaraho ɗin nan telegiraf ne bakin Bahaushe ya lanƙwasa, ma'anarsa rubutu daga nesa, kuma "giraf" ɗin shi ne rubutun. Gaɓar farko kuwa, keraunos, nan ne zancen yake da daɗi.

Yunanawa ba su yi wa abin da ke fitowa daga hadari suna ɗaya ba. Ƙarar suna ce mata bronte, hasken astrape, abin da ke faɗowa ya tsaga itace ya kashe dabba kuma shi ne keraunos. Da muka ji haka sai muka ce, ashe! Ai haka muka karanta a Islamiyya: ra'adu daban, barƙu daban, sa'iƙa daban. Haka kuma yake a bakinmu: tsawa ita ce ta kunne, walƙiya ta ido, aradu kuwa ita ce mai ɓarna. Harsuna uku, kowanne ya kasa abin uku. Saboda haka keraunogiraf, in za a bi shi gaɓa-gaɓa, marubucin aradu ne, ko kuwa mu ce magatakardan aradu.

Sai dai akwai wani abin lura game da aradun tamu. Kalmar aro ce daga Larabci, ar-ra'adu, muka haɗiye ta har da alif da lam ɗinta, kamar yadda muka yi wa arziki da alƙalami da albasa. Ita ce sunan sura ta 13 cikin Alƙur'ani mai girma, inda aka ba mu labarin cewa ita ma tana tasbihi ga Ubangijinta. Amma a Larabci ra'adu ƙarar ce kurum. Da ta shigo Hausa sai ta tarar tsawa ta riga ta zauna a wannan kujera, don haka ta gusa ta ɗauki aikin sa'iƙa. Ɗalibin da ya fassara ra'adu da aradu bai yi kuskuren baki ba, amma mai sauraro zai iya ɗaukar abin da ba shi ake nufi ba. Mu ma kanmu ba kullum muke tsare iyakar ba: sau nawa muke cewa tsawa ta faɗa wa bishiya, ko tsawa ta kashe shanu?

Bayan waɗannan muna da biyu da Yunanawan za su yi mana kwaɗayinsu. Akwai cida, wato rugugin nan mai nisa da ke mirginawa a gindin sama kamar ana gangaro da ganguna, wanda manomi ke ji ya fara duba irinsa. Ku gwada tambayar yaranmu na yanzu mene ne cida ku sha mamaki, alhali kuwa tana nan cikin ƙamusun Bargery da aka buga tun 1934. Sannan akwai kwarankwatsa, wadda sunanta ma kwaikwayon ƙararta ne, irin wadda ke fashewa a bisa kai ta sa jarirai kuka. Ita ce ta zama abin rantsuwa. Mun taso muna jin fatake da 'yan koli suna cewa kwarankwatsa dubu ban ci riba ba, har malamai suka yi ta jan kunne cewa Musulmi ba ya rantsuwa sai da Allah. Daga tsawa muka sami tsawatawa. Wanda ya tunkari abin da ya fi ƙarfinsa mu ce ya tari aradu da ka. In asiri ya tonu mu ce an yi walƙiya mun ga kowa. Wajen suna dai, wallahi ba mu da talauci.

Akwai kuma wani abu da ya haɗa mu da masu wannan kalma, wanda ba mu zata ba. Da yawanmu mun taɓa ganin gatarin aradu a shimfiɗar masu magani a kasuwa: dutse ne sumul, baƙi ko ruwan toka, mai kauri a ƙeya da kaifi a baki, ya cika tafin hannu. Abin da muka ji tun muna yara shi ne da shi aradu ke saukowa, ya nutse cikin ƙasa, sai an zuba nono a wurin kafin ya fito, kamar yadda aka ce wutar aradu ma sai da nono take mutuwa. Maƙwabtanmu Yarabawa suna da irin wannan dutse, suna danganta shi da Shango. To, Turawan da can ma haka suka ɗauka. Rumawa sun kira waɗannan duwatsu keraunia, daga keraunos ɗin nan dai, kuma ƙarnuka da dama manoman Turai suna cusa su cikin bango ko rufin ɗaki wai don su kore aradu, bisa zaton ba ta faɗa wa inda 'yar uwarta take.

Wanda ya fara warware zancen a rubuce, cikin waɗanda aka fi ambata, wani likitan fadar Paparoma ne a Rum mai suna Michele Mercati, wanda ya rasu a 1593. Ya dubi duwatsun ya ce wannan sassaƙar hannu ce, makamai ne na mutanen da suka rayu kafin a san ƙira. Littafin nasa bai ga ɗab'i ba sai 1717. A 1723 wani masani a Faris, Antoine de Jussieu, ya ajiye irin waɗannan duwatsu gefe da gefe da gatura na dutse da matafiya suka kawo daga Amurka, inda a lokacin akwai masu sara da su, kowa ya ga abu ɗaya ne. Mu kuwa ba sai mun je Faris ba. A tsaunukan Jos, waɗanda suke cikin Lardin Bauchi kafin a yanke Lardin Filato a 1926, masu haƙar kuza sun yi ta tono irin waɗannan gatura a cikin ramukansu, kusa da inda aka sami kawunan yumɓu na Nok. Wanda ya shiga gidan tarihi na Jos, wanda Bernard Fagg ya kafa a 1952, zai ga gatarin aradu a bayan gilashi da sunansa na gaskiya. Gatarin kakannin kakanni ne. Ruwan sama ke wanke ƙasa ya fito da shi, shi ya sa ake tsintarsa bayan hadari. Abin da aradu ke bari da gaske in ta faɗa cikin rairayi shi ne wani ɓawon gilashi mai rami kamar karan dawa, domin zafinta yakan kai digiri 30,000, kusan ninki biyar na zafin fuskar rana, sai yashi ya narke.

Rubuta tsawa kuwa ba sabon abu ba ne, sai dai manufar farko ba ta awo ba ce, ta duba ce. Mutanen Italiya na da, kafin Rumawa su yi ƙarfi, suna da jadawali na kwanakin shekara: in an yi tsawa ran kaza za a yi yunwa, in ran kaza ce sarki zai mutu. Wani marubucin Rumawan gabas, Yohana Lidus, ya adana shi a ƙarni na 6 na Miladiyya. Wannan ne abin da wasu dattawa suka ji tsoro a taronmu, kuma ba mu ga laifinsu ba, domin mun karanta cikin Muwaɗɗa hadisin Hudaibiyya da ya yi kashedi ga mai jingina ruwan sama ga tauraro. Amma malamai sun bambance tsakanin mai cewa tauraro ne ya ba shi ruwa da mai cewa Allah Ya saba saukar da ruwa a lokaci kaza. Da wannan bambanci ne malaman hisabi na ƙasar Hausa suke ƙirga taurarin damina, su Nasara da Ɗarfa da Jabha, kowanne kwana 13 in ban da Jabha mai 14, manomi ya san inda shuka ta kwana. Wannan ajiyar lokaci ce. Abin da ba mu yi ba shi ne ajiyar abin da ya auku a cikin lokacin. Muna tuna shekara in ta yi ciwo, kamar Kakalaba ta 1913 zuwa 1914, ko farin 1973, ko na 1984 da muka gani da idonmu. Shekarar lafiya kuwa sai ta wuce ba wanda ya riƙe mata lissafi.

A Turai zancen ya sake ne bayan Benjamin Franklin na Amurka ya tabbatar a 1752 cewa walƙiya lantarki ce, ya kuma kawo dabarar sandar ƙarfe a kan gini, irin wadda muke gardama a kanta. A shekara mai bi mata, 1753, wani masani a birnin Santa Fitasbag na Rasha, Georg Richmann, ya jawo waya daga rufin gidansa zuwa ɗaki don ya auna ƙarfin hadari. Ya sunkuya zai duba ma'auni ke nan ta buge shi a goshi, nan take ya cika. In ana neman wanda ya tari aradu da ka a zahiri, to ga shi.

Mutumin da ya fi burge mu cikin labarin duka shi ne wani Baturen Ingila, George Symons, don kuwa dabararsa irin ta 'yan kasuwa ce. Ba shi da rundunar ma'aikata. Tun 1860 ya shiga roƙon mutane masu sa kai, limaman coci da likitoci da masu gonaki, kowa ya kafa mazubin awon ruwa a bayan gidansa ya riƙa rubutawa kullum safe, a ƙarshen shekara ya aiko masa. Ya fara da wurare 168. Kafin rasuwarsa a 1900 sun haura 3,000. A 1890 ya gabatar da wata na'ura da maƙeran Faris suka haɗa masa, ya sa mata suna burontomita, wato ma'aunin tsawa, daga bronte ɗin nan. Takarda ce doguwa da agogo ke ja, ga alƙaluma a jere suna zane a kanta, wani na iska, wani na nauyin sararin sama. Amma walƙiya da tsawa sai mutum ya zauna a gefe, ya ga haske ya danna maɓalli, ya ji ƙara ya danna wani. Wato dai har yanzu magatakardan mutum ne, na'urar alƙalaminsa ce kawai.

Wanda ya sallami mutum daga wannan gadi shi ne Aleksanda Popov, malami a makarantar sojan ruwa ta Rasha. Ya yi amfani da wani ɗan bututun gilashi mai garin ƙarfe a ciki, wanda Bafaranshe Branly ya gano sirrinsa a 1890. Duk lokacin da aka yi walƙiya, ban da haske da ƙara, akwai wata igiyar lantarki marar ganuwa da ke bazuwa ta ko'ina. In ta iso ta dogon ƙarfen da aka kafa a waje, sai garin ƙarfen nan ya manne da juna, wuta ta sami hanya, ƙararrawa ta kaɗa. Gudumar ƙararrawar kuma in za ta koma sai ta ƙwanƙwasa bututun, garin ya warwatse, ya zauna jiran ta gaba. Popov ya nuna wannan a gaban taron masana ranar 7 ga Mayu 1895, daga baya ya haɗa ta da alƙalami da takarda mai juyawa, ta riƙa yin zane ga hadarin da yake da nisan da kunne ba ya jin tsawarsa. A 1899 wani fada Bakatolike a birnin Kilibilan na Amurka, Frederick Odenbach, ya ƙera tasa, kuma da sunan keraunogiraf aka san ta.

Kada mai karatu ya ga kamar abin ya yi masa nisa. Duk wanda ya taɓa rungumar rediyo da damina yana kamun Kaduna a gajeren zango ko matsakaici, ya ji tana ƙarat-ƙarat tana yanke maganar mai labarai alhali sama tas take a kansa, to ya riƙe keraunogiraf a hannunsa, alƙalami ne kawai babu. Ƙarat ɗin nan walƙiya ce ake yi a wani gari. Iyayenmu mata sun san wannan ba tare da sun san Popov ba: da sun ji rediyo ta fara sai su ce a kwashe shanya. Kuma da irin bututun nan na garin ƙarfe aka fara kama saƙon waya marar igiya, shi ya sa har yau Rasha ke bikin ranar rediyo a 7 ga Mayu. Wato kunnen da aka ƙera don sauraron hadari, shi ne ya zama kunnen sauraron mutane.

Na'urar ba ta yi tsawon rai ba. Aka sami kayan rediyo da suka fi bututun, bayan Yaƙin Duniya na Biyu rada ta shigo, yau kuma akwai tashoshi masu haɗa kai su nuna daidai inda kowace aradu ta faɗa, ga taurarin ɗan'adam suna leƙowa daga sama. Kalmar ta koma cikin manyan ƙamusoshi ta kwanta. Amma ta bar 'ya, kuma ita ce yaronmu yake nufi a wurin taro. Injiniyoyin lantarki suna da abin da suke kira ma'aunin kerauniki, wato yawan kwanakin da ake jin tsawa a wuri cikin shekara. Ƙa'idarsa mai sauƙi ce: duk ranar da mai lura ya ji tsawa, ko sau ɗaya, an rubuta kwana ɗaya, in walƙiya kawai ya gani bai ji ƙara ba, ba a ƙirga. Da wannan adadi ake kintata sau nawa aradu za ta taɓa layin wuta, a san irin kariyar da za a saya. In kun bi hanyar Jos ko ta Gombe ku ɗaga kai ku dubi manyan turakun lantarki, za ku ga siririyar waya can sama da sauran. Ba ta kai wuta gidan kowa. Aikinta ta tare aradu ta kai ta ƙasa.

Kun ga ke nan sunan ya yi irin tafiyar da aradu ta yi a Hausa, amma ta bayan gida: kalmar ta keraunos ce mai faɗowa, abin da ake ƙirgawa kuwa bronte ce ta kunne. Ma'aunin yana da rauninsa kuma. Cida ɗaya da la'asar da kwarankwatsar da ta kwana tana fashewa duk kwana ɗaya ne a littafi. Sannan tsawa ba ta cika wuce kilomita 15 zuwa 20 kunne na jin ta ba, balle a unguwa irin tamu da kowane gida janareta ke ruri. Duk da haka da irin wannan lissafi na kunne wani Bature, Brooks, ya kintata a 1925 cewa ana walƙiya sau 100 kowace daƙiƙa a faɗin duniya. Da aka harba tauraro mai ƙirga ta a 1995 sai aka tarar abin bai wuce kamar 45 ba. Taurarin sun kuma nuna cewa tafkin Marakaibo na ƙasar Benezuwela da tsaunukan gabashin Kwango su ne kan gaba wajen yawan walƙiya.

To mu a nan Bauchi fa, wa ya fara rubuta mana? Barth, wanda Kanawa suka sani da Abdulkarim, ya iso Kano a 1851, kuma a ƙarshen littattafan tafiyarsa akwai jadawalin kwanaki da yake rubuta zafi da ruwa da hadari. Shi bai tako nan ba. Wanda ya zo shi ne abokin aikinsa Eduard Vogel, masanin taurari, a 1855, zamanin Sarki Ibrahim ɗan Yakubu. Mutum ne mai yawo da kayan awo, amma an kashe shi a Wadai a 1856, takardunsa na ƙarshe suka salwanta tare da shi. Rohlfs da ya biyo baya a farkon 1867 kuwa da hunturu ya zo, ba abin da zai ji sai iska.

Rubutu na kullum sai bayan Turawa sun ci garin a 1902. Unguwar nan da muke zaune, mu da iyayenmu suka taso daga Kano da Katsina da Zazzau da Sakkwato neman halali, asalinta tasu ce. Dokarsu ta tanadi a bar fili na yadi 440 tsakanin gidajensu da na 'yan ƙasa, wai saboda sauro. A irin waɗannan barikoki ne ake kafa mazubin awon ruwa, ana rubutawa, adadin ya shiga rahoton shekara. Hadarinmu na farkon damina da na ƙarshenta, mai zuwa da guguwa daga gabas, tonado suke ce masa, ko da yake ba shi ne tonadon Amurka mai juyawa ba. Masana kalmomi suna danganta sunan da kalmar Sifaniyawa ta hadari mai tsawa. Abin da ya ba su mamaki mu ba ya ba mu: iskar damina daga kudu maso yamma take busowa, amma hadari daga gabas yake tasowa. Bincike ya nuna irin wannan hadari yakan ɗinku a jere ya nausa yamma, kuma tuddai irin na Jos suna cikin wuraren da yake ƙyanƙyashewa. Yau aikin awon yana hannun hukumar NiMet, wadda dokar 2003 ta kafa. Sai dai awon tasha na tasha ne. Wa bai taɓa barin Yalwa a jiƙe sharkaf ya iso Wunti ya tarar da ƙura ba?

Abin da ya tsaya mana a rai, mu 'yan kasuwa, shi ne wannan. Bashin naira ɗari biyar ba ya kwana ba mu rubuta ba, kuma da gaskiyarmu, tunda aya mafi tsawo cikin Alƙur'ani a kan rubuta bashi ta sauka. Littattafan shagonmu za su gaya maka bandir nawa na kwano muka sayar a watan Mayun kowace shekara, wanda rabinsa ɓarnar iska ce. Amma abin da ya yaye kwanon, ba mu da layi ɗaya a kansa. Shi ya sa masu cewa tsawa ta ƙaru da masu cewa ba ta ƙaru ba, kowa rantsuwa kawai yake da ita.

Sandar dai an kafa ta. Liman ne ya raba gardama, ya ce hasumiya ta fi komai tsawo a layin, kuma an umarce mu mu ɗaure raƙumi kafin mu yi tawakkali. Yaron ya tsaya a kan masu aiki har aka binne wayar yadda ya kamata, ya kuma roƙi iyaye su gaya wa yara abu biyu. Na ɗaya, gindin mangwaro da na dogon yaro ba mafaka ba ne in ana tsawa, a shiga ɗaki ko mota. Na biyu, tsakanin ganin walƙiya da jin ƙararta, kowace daƙiƙa uku kilomita ɗaya ce, don haka in ba ka kai ƙirga talatin ba ta iso, a tashi daga filin ƙwallo.

Batun littafi kuma, kwamiti ya sayi babban littafin lissafi irin na shago ya damƙa wa ladan, tunda shi ne mutumin da ba ya rasa farkawa a lokuta biyar. An ja masa layuka: kwanan wata na Musulunci da na Bature, tsakanin wace salla da wace salla, daga wace kusurwa, an yi ruwa ko ba a yi ba, sannan cida ce ko tsawa ko kwarankwatsa, wanda ko ma'aunin injiniyoyi bai raba haka ba. Yaron ya ce masu awon yanayi sai sun tara shekara 30 kafin su ce ga al'adar wuri, saboda haka yawancin masu gardamar ba mu ne za mu ji hukuncinta ba. Tuni dai matasa suka laƙaba wa ladan Magatakardan Aradu. Shi kuwa ya ce bai yarda ba, a bar wannan suna ga na'urar Rasha, shi da kunne yake aiki, in dai za a yi adalci Magatakardan Tsawa ne.

Mun leƙa littafin kafin mu miƙa wannan rubutu. Layin farko na bana, da ajami ya rubuta shi: bayan la'asar, daga gabas, cida sau biyu, ba ruwa.